Na-Sani Ya Karɓi Makullin Tafkin Likita

Na-Sani ba sunan da iyayensa suka raɗa masa ba ne, bakinsa ne ya jawo masa shi. Ba a taɓa ɗauko wata magana a gabansa ba, ko ta jirgin sama ce ko ta ciwon haƙori, face ya tare ta tun ba ta kai ƙarshe ba ya ce, "Ai na sani." Da 'yan unguwa suka gaji sai suka mayar masa da kayansa, shi kuwa ya karɓa hannu bibbiyu, don a zatonsa yabo ne.

Duk cikin ilimominsa babu wanda yake ji da shi kamar ilimin ruwa. Shekara goma sha ɗaya ya yi a wani kamfanin ruwan roba. Aikinsa ɗaga wa manyan motoci ƙarfen ƙofa ne, su shiga wayam su fito da kaya, amma in yana ba da labari sai ya ce, "Ruwan da ya wuce ta gabana, da za a tara shi wuri ɗaya, jirgi zai yi kwana uku bai ga gaɓa ba." Da kamfanin ya sa ƙofa mai ɗaga kanta, aka sallame shi. Shekara biyu ke nan yana zaune. Matarsa ke riƙe da gida da keken ɗinkinta, shi kuma yana riƙe da bencin gindin bishiyar bakin layi, inda dattawan unguwa ke hira da yamma.

Matar tana da wa, likitan ƙashi, gidansa ne a ƙarshen layin. A bayan gidan akwai tafkin wanka mai farin tayil, ruwansa garau, in ka jefa allura kana tsaye za ka hango kafarta. Kullum da safe Likita yana ninkaya a ciki saboda ciwon baya. A lokacin kuma yana shirin buɗe wani wuri mai babban tafki, inda tsofaffi masu ciwon gwiwa za su riƙa motsa jiki cikin ruwa, yana neman wanda zai kula da shi. Matar Na-Sani ta yi ta zarya tana roƙon yayanta ya tuna da mijinta, har ranar da tafiyar sati uku ta taso masa, ya miƙa mata makulli.

"Ba wani aiki zai yi ba," in ji Likita. "Baba Mai-raga zai riƙa zuwa Litinin da Alhamis. Shi dai ya buɗe masa ƙofa, ya tabbata injin yana aiki. In na dawo na tarar da ruwan yadda na bar shi, ma yi maganar aikin."

Ta kawo makullin gida ta sa wa mijinta a hannu, ta riƙe hannun ba ta saki ba.

"Don Allah, Baban yara, buɗe ƙofa kawai aka ce."

"Buɗe ƙofa? Ni da na yi shekara goma sha ɗaya a harkar ruwa?"

"Shi ya sa aka ba ka. Shi ka ƙware a kai."

Ranar Litinin da hantsi Baba Mai-raga ya iso a kan kekensa. Dattijo ne siriri marar yawan magana, ya shekara ashirin yana kula da tafkunan gidajen mutane. Ya tuɓe takalmi, ya ɗauki doguwar sandarsa mai raga a baki, ya bi ruwan yana tsame ganye da matattun ƙwari. Ya goge bangon tafkin da buroshi, ya shiga ɗan ɗakin inji ya wanke mataci. Sannan ya fito da wata 'yar kwalba, ya ɗebi ruwan, ya ɗiga wani magani, ya ɗaga ta sama yana kallon launin. Ya auni farin garin kilorin a ludayi ya watsa.

Na-Sani yana tsaye, hannuwa a baya, yana girgiza kai kamar wanda ya tarar ana ɓarna.

"Baba, wannan kwalbar fa? Duba kake yi wa ruwan?"

"Awo nake. In launin ya yi haka, magani ya isa. In ya yi haka, a ƙara."

"Wa ya koya maka?"

"Ruwan."

"To ni kamfani ya koya min. Garin nan da kake zubawa dabarar 'yan kasuwa ce. Shi ruwa, in ka bar shi ya huta, da kansa yake wanke kansa. Ka taɓa ganin an zuba wa kogi magani?"

"Kogi tafiya yake yi, Malam. Wannan a zaune yake. Injin nan shi ne ƙafarsa."

"Ai na sani. Amma iliminka tsohon yayi ne. Ka je ka huta sati uku, Likita ni ya damƙa wa wurin nan."

Baba bai yi musu ba. Ya zaro takarda ya rubuta: inji awa takwas kullum, gari ludayi biyu, a tsame ganye, a goge bango. Ya sa lambar wayarsa a ƙasa, ya jingine ragar a jikin katanga, ya hau kekensa. Na-Sani ya ninke takardar gida huɗu, ya cusa ta ƙarƙashin ƙafar teburin bakin tafki, don dama teburin yana rawa. Daga nan ya shiga ɗakin inji ya kashe shi, yana cewa abin tausayi, ana ta jujjuya ruwa dare da rana kamar wanda ya yi laifi.

Da yamma ya isa benci da makullin a rataye a wuya. Ya yi wa dattawa bayanin sabon tsarinsa, ya rufe da cewa ko ƙwaya ɗaya ta farin garin nan ba zai zuba ba, kuma in Likita ya dawo sai ya sha ruwan tafkin a kofi don daɗi. A cikin masu sauraro akwai Hedimasta, tsohon shugaban makarantar firamare, mai farin gemu da yake tajewa sau uku a rana. Ya ciro biro da ɗan littafi daga aljihu.

"Maimaita min a hankali. Ko ƙwaya ɗaya, ka ce?"

"Ko ƙwaya ɗaya. Rubuta, har da kwanan wata."

Hedimasta ya rubuta, har da kwanan wata.

Kwana uku ruwan ya daina ƙyalli. Kwana biyar ya yi kamar an matse ganye a ciki. Ran na bakwai gansakuka ta hau matakala ta zauna. Matarsa ta zo share wa yayanta gida, ta leƙa baya, ta tsaya da tsintsiya a hannu.

"Baban yara, ruwan nan kore ne."

"Inuwar bishiyar maƙwabta ce."

"Inuwa tana wari?"

"Ke ɗinki kika sani. Ruwan yana fitar da dattin cikinsa ne, kamar mai zazzaɓi in ya fara gumi."

"Ruwa dai ba ya tsami banza. Ka kira Baba."

Bai kira ba. Ya zauna bakin tafkin yana tunani, sai ya tuna yadda matarsa ke jefa bula a ruwan ɗauraya fararen kaya su fito fes. Ya je shagon bakin layi ya saye bular da ke ciki kaf, ya dama a bokiti ya juye. Koren ya shanye ta ko gezau. Ya koma gida ya kwashe garin rinin shuɗin da matarsa ke ajiyewa don yadi, ya ƙara. Nan fa ruwan ya koma shuɗi, irin shuɗin da in ka tsoma hannu ba ka ganin yatsunka.

Aiki irin wannan ba ya son rashin shaida. Ya je ya gayyato Hedimasta, wanda ya iya ninkaya tun yana saurayi, kuma ya daɗe yana sha'awar tafkin Likita, kunya ta hana shi tambaya. Hedimasta ya zo da tawul a kafaɗa, ya tsaya yana leƙe.

"Me ya sa ba a ganin ƙasa?"

"Teku ana ganin ƙasansa? Alamar tsabta ta yi zurfi ke nan."

"Kai ba za ka shiga ba?"

"Mai girki ba ya riga baƙo ci. Bismilla."

Hedimasta ya shiga. Ya je ya dawo sau biyu, da salon da ya nuna tsufa bai ci hannunsa ba, ya fito yana huci. Na-Sani ya dube shi, ya zaro ido.  Hedimasta ya ga irin kallon da ake masa, ya juya ga gilashin taga. Gemun nan da ya shekara talatin yana kiwo ya koma shuɗi shar, har da gira.

"Mene ne wannan?"

"Ai ya rage maka shekara goma."

"Gobe zan je ɗaukar hoton katin fansho."

"To ai ba mai yin jabunsa."

An sa sabulu, an sa lemun tsami, an sa toka. Shuɗin ya ɗan koɗe ya koma ruwan toka mai ratsin kore, wanda ya fi na farko muni. Washegari Hedimasta ya wuce ta gaban benci ya aske gemun, fuska fayau kamar ɗan makaranta. An ce da ya koma gida jikarsa ta gan shi ta fashe da kuka, ta ce a fitar da baƙon.

Shi kuwa tafki bai tsaya jiran kowa ba. Cikin kwana uku shuɗi da kore suka haɗu suka haifi wani launi da ba shi da suna. Na-Sani ya sayo alif, dutsen nan da ake jefawa a randa don datti ya kwanta, ya zuba rabin buhu. Datti ya kwanta kuwa, ya yi shimfiɗa a ƙasa, ya kwana biyu, sannan ya fara tasowa gutsure-gutsure kamar jiƙaƙƙiyar auduga.

"Allah bai halicci gansakuka ba sai da ya halicci mai cinta," in ji Na-Sani, ya nufi kasuwa ya ce a ba shi tarwaɗa ashirin masu rai. Da mai kifi ya ji abin da za a yi da su, ya ce tarwaɗa ba ta damu da gansakuka ba.

"Ai na sani. Yunwa za ta koya musu."

Yunwa ba ta koya musu ba. Suka riƙa tasowa suna buɗe baki suna kallonsa, har tausayi ya kama shi ya fara kawo musu kayan cikin kaji daga wurin mai yanka. Abin da suka ci suka ci, abin da suka bari ya kumbura a rana. Kwaɗi suka ji labari suka zo da iyalansu. Sauro ya biyo baya.

Gidan da ke katanga ɗaya da na Likita na wata mata ne mai yin kek na sayarwa. Wata safiya Na-Sani yana watsa wa kifinsa abinci sai ya ga kanta ya ɓullo ta saman katanga, ta taka bokiti.

"Malam Na-Sani, kwana uku ke nan ba mu runtsa ba. Kwaɗinka sun hana mu."

"Ba nawa ba ne, baƙi ne. Kuma kwaɗo ba ya shiga ruwa sai mai lafiya. Shaida ce."

"Sauron fa, su ma shaidu ne? Dubi hannuna. Jiya wata ta zo karɓar kek, ta tsaya a bakin ƙofa ta tambaye ni ko wani abu ne ya mutu a gidan."

"Hancin mutanen yanzu ya saba da turaren kanti, bai san ƙamshin ruwa na asali ba."

"To in na asalin ya ƙara kwana uku, hukuma zan kira ta zo ta shinshina."

Ranar matarsa ta ajiye ɗinki ta zauna a gabansa. Ta ce ita ba ta taɓa roƙon yayanta komai ba sai wannan, kuma da wane ido za ta dube shi. Ta ce garin gyaran gira an kusa rasa ido, ga garin kilorin nan buhu guda a ɗakin inji, ya zuba, ko ya kira mai abin.  Shi ma Na-Sani warin yana damunsa, kuma aikin nan yana sonsa har ransa, don ya gaji da miƙa wa mace hannu in zai sayi reza. Amma da ya tuna ɗan littafin nan na aljihun Hedimasta, da kwanan wata a ciki, sai ya ji gara warin.

"Saura kwana biyar ya dawo. Kwana biyar a hannun masani shekara ce."

Bai rufe baki ba wayarta ta yi ƙara. Likita ne. Taro ya ƙare da wuri, jibi Asabar da rana zai iso, kuma zai taho da abokin aikinsa wanda suka haɗa hannu a sabon wurin, don ya ga mutumin da ake ta ba shi labari.

Ranar Juma'a Na-Sani ya wuni da ragar Baba yana farautar tarwaɗa. Ya kama shida. Sauran goma sha huɗun ya yanke hukunci cewa sun cinye junansu. Yana zaune yana wanke hannu sai dabara ta faɗo masa, wadda ya yi mamakin yadda duk masanan duniya suka tsallake ta. Me ke fidda dauɗa a jiki? Sabulu. A tufafi? Sabulu. A kwano? Sabulu. To don me za a hana ruwa? A zuba garin sabulu, a kunna inji ya cuɗa, datti ya taso sama, a kwashe. Ya sayo manyan leda huɗu. Kuma tunda sunansa ya ɗan yi ƙura a layin, ya bi gida gida yana gayyata, kowa ya zo gobe da hantsi ya ga yadda ake wanke ruwa.

 Matarsa ta bari ya fita, ta je gidan yayanta, ta ɗaga ƙafar tebur ta zaro takardar Baba da ta gani ranar shara, ta kira lambar da ke ƙasa.

Asabar da hantsi bayan gidan Likita ya cika. Ba don an yarda da shi aka zo ba, sai don ba wanda ke son a ba shi labari. Mutane suka jeru a jikin katanga, kowa da hankici a hanci. Hedimasta ya zo ya sami kujera a gaba, ya buɗe littafinsa a kan cinya. Mai-kek ba ta shigo ba, tana kan bokitinta, tana leƙe da ido ɗaya, ɗayan yana kan wani kek mai hawa uku da ta ajiye a barandarta ya sha iska, za a zo karɓa da azahar.

Na-Sani ya fito cikin farar riga mai manyan aljihu. Ya yi jawabi na minti ashirin a kan tarihin ruwa, tun daga girgije har zuwa roba. Sannan ya farke ledojin ɗaya bayan ɗaya ya zazzage, ya shiga ɗakin inji ya danna makunni. Injin ya yi tari, don sati biyu da kwanaki bai motsa ba, kuma matacinsa ya toshe. Na-Sani ya ga makunnai da marufai iri-iri a jikin bututu, bai san na mene ne ba, don haka ya yi musu adalci ya murɗe su duka zuwa ƙarshe.

Bututun da ke jikin bangon tafkin suka fara feso ruwa da iska. Farar kumfa ta taso ta rufe ƙazantar nan ruf, tafkin ya yi fari tas. Wani ya ce, "Kai, ko dai mutumin nan ya san abin da yake yi?" Na-Sani ya ji, ya gyara tsayuwa.

"Wannan somin taɓi ne."

Gaskiya ya faɗa. Kumfar ta cika tafkin ta hau gaɓa. Ta kai idon sawu, ta kai gwiwa. Ta haɗiye tebur da kujeru, ta bar Hedimasta a zaune kamar mai wanka a baho, ya ɗaga littafinsa sama. Farinta ya juye ya zama shuɗi-shuɗi mai ɗigon kore. Iska ta taso ta yanki wani guntu kamar katifa, ta ɗaga shi, ta haye da shi katanga ta kan Mai-kek, ta sauke shi a hankali a kan kek mai hawa uku. Aka ji bokiti ya faɗi, aka ji salati.

Sai kuma tarwaɗa goma sha huɗun nan da suka cinye junansu suka bayyana. Sabulu ya shiga musu ido, suka riƙa tsalle suna faɗowa gaɓa, suna ja da ciki a ƙarƙashin kumfa inda ba mai ganinsu. Wata mata ta ji abu mai santsi ya bi ta kan ƙafarta ta ce maciji. Kalmar nan ita ta watsa taron. Masu gudu suka yi karo da masu faɗuwa, takalma suka rabu da masu su, kwaɗi suka bi ta tsakanin ƙafafu suna neman hanyar fita kamar kowa.

"Ku kwantar da hankalinku, yanzu zan rage shi," in ji Na-Sani, ya nufi ɗakin inji da sauri. Sai dai kumfa ta shafe iyakar ƙasa da ruwa. Ya yi taku uku a kan tayil, na huɗun ya yi shi a kan babu.

Aka ji tsundum. Kumfar ta buɗe ta rufe. Can sai hannu biyu suka ɓullo suna dukan iska, da wata murya da ba a taɓa jin Na-Sani da ita ba.

"Ku cece ni! Ban iya ruwa ba!"

Masu gudu suka tsaya. Hedimasta ya sauke littafinsa a hankali.

"Me ya ce?"

"Ya ce bai iya ruwa ba."

Daidai nan ƙofar baya ta buɗe. Likita ya shigo da jaka a hannu, abokin aikinsa na biye, a bayansu Baba Mai-raga yana tura kekensa. Likita ya tsaya. Ya dubi kumfar da ta kai masa cinya, ya dubi maƙwabtansa, ya dubi wata tarwaɗa da ta zo ta kwanta a kan takalminsa. 

Baba ya jingine keke, ya bi jikin katanga yana laluba har ɗakin inji, ya kashe. Wurin ya yi tsit, ban da ihun mai nutsewa. Ya lalubo sandar ragarsa ya zo bakin tafki ya tsuguna.

"Malam, miƙe tsaye."

"Mutuwa zan yi, ku gaya wa maman yara ta yafe min."

"Za ta ji da bakinka. Miƙe dai. Nan wajen marar zurfi ne."

Na-Sani ya sauke ƙafa, ya ji ƙasa. Ya miƙe. Ruwan iyakarsa cibiya. Kumfa ta yi masa hula, farar rigar ta koma launin tafkin, wani abu yana motsi a aljihunsa na dama. Ya sa hannu ya zaro tarwaɗa, ya rasa inda zai ajiye ta, ya ci gaba da riƙewa.

Abokin aikin Likita ya gyara tabarau. "Wannan ne ƙwararren?"

"Shi ne," in ji Likita. Ya juya ga mijin ƙanwarsa. "Sannu da aiki."

"Yauwa, Yaya. Ai ba a gama ba. Wannan matakin farko ne."

"Matakai nawa ne?"

"Uku."

"To a bar mana sauran biyun, Allah ya saka da alheri." Ya dubi Baba. "Kwana nawa?"

"Tara. A zubar da ruwan, a kankare tayil, a canza yashin mataci. In na sami mataimaki wanda hannunsa ya kai rabin bakinsa, shida ma sun isa."

Kwana tara aka yi. Na-Sani ya yi su a durƙushe a ƙasan tafki da buroshi, Baba yana zaune a inuwa yana nuna masa inda ya tsallake. Kafin nan sai da ya wanke barandar Mai-kek, ya sake ɗauraye mata shanya, ya kaɗa mata ƙwai arba'in da hannu tana tsaye a kansa. Aikin sabon wuri kuwa Baba aka ba, abokin Likita ya ce shi mutumin da ya san inda makashin inji yake ya ishe shi. Matar Na-Sani ta je ba yayanta haƙuri tana hawaye, ya ce ita ba ta yi komai ba, kuma rabonsa da dariya irin ta ranar, bayan ya shiga ɗaki ya rufe ƙofa, tun suna yara. Ta dawo gida ta kwana biyu ba ta yi wa mijinta magana ba. Ran na uku ta tarar da shi yana shafa man zafi a gwiwa, ta karɓa ta shafa masa.

Da ruwa ya dawo garau, Likita ya kafa sharaɗi ɗaya. Ya ce ba zai zauna da suruki a layi ɗaya da tafki ba alhali bai iya fidda kansa ba, don ba ya son ƙanwarsa ta yi takaba a kan ruwan cibiya. Dole ya koyi ninkaya. Ya tambaya ko akwai wanda zai koya masa. Hedimasta ya ɗaga hannu tun ba a gama tambayar ba.

A benci Na-Sani ya sanar cewa Likita ya roƙe shi ya riƙa zuwa Talata da Asabar yana duba ingancin aikin Baba daga cikin ruwan, don daga waje ba a gane komai. Ba wanda ya musa. Sai dai ranar Talata Mai-kek ta hau bokitinta, ta kuma ba da aron wasu bokitan.

Abin da suka gani shi ne Na-Sani a wajen marar zurfi, an zura masa tayar roba a ƙugu, ya rungume ƙarfen matakala da hannu biyu. Hedimasta yana tsaye a gabansa cikin ruwa, da usur a wuya.

"Saki ƙarfen."

"Ai shi sakin ƙarfe iri biyu ne. Akwai na Turawa, akwai na…"

"Ban tambaye ka ba. Na koya wa yara dubu uku karatu, ba wanda ya gagare ni. Saki."

Na-Sani ya saki hannu ɗaya. Ya dubi ruwan, ya dubi kawunan da suka jeru a saman katanga, ya mayar da hannun.

"Ranka ya daɗe, ko za mu fara da bayani tukuna?"

Hedimasta ya sa usur a baki.

"Daga ni har kai ba mai zuwa aiki. Ina nan har magariba."